Shin Ludwig Erhard ne kaɗai ya tayar da Jamus bayan yaƙi?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni ɗalibin tattalin arziki ne. Malaminmu ya ambaci wani Bajamushe, Ludwig Erhard, ya ce shi ya farfaɗo da Jamus bayan Yaƙin Duniya na Biyu, wai rana ɗaya ya soke ƙayyade farashi sai kaya suka cika kantuna. Wane ne shi, kuma da gaske mutum ɗaya ne ya yi wannan aiki? Daga wani mai karatu a Zariya.

Amsa: Wa alaikumus salam. Abin da malaminku ya faɗa ya faru, sai dai labarin ya fi haka tsawo.

An haifi Erhard a 1897 a garin Fürth, kusa da Nuremberg. Mahaifinsa ɗan kasuwa ne mai shagon tufafi. Shan inna ta taɓa shi yana yaro, sannan ya samu mummunan rauni a fagen daga a 1918. Raunin ne ya hana shi tsayuwar shago, sai ya koma karatu har ya samu digirin digirgir a Frankfurt a 1925. Daga 1928 zuwa 1942 yana aiki a wata cibiyar binciken kasuwa a Nuremberg. Bai shiga jam'iyyar Nazi ba, amma kada a ɗauka hannunsa bai taɓa komai ba: ya yi wa hukumomin wancan zamani aikin ba da shawara, har kan yankunan da Jamus ta mamaye. A 1944 kuma ya rubuta wata takarda kan yadda za a yi da bashin yaƙi, wadda ta ginu a kan cewa Jamus za ta sha kashi, maganar da za ta iya jefa mutum cikin masifa a lokacin.

Amurkawa ne suka ɗauko shi bayan yaƙi. Ya riƙe ma'aikatar tattalin arzikin jihar Bavaria, sannan a Maris 1948 ya zama daraktan tattalin arziki na yankunan da Amurka da Birtaniya ke iko da su.

Ka duba halin da ya tarar. An buga kuɗi barkatai don yaƙi, amma farashi na nan a daskare bisa doka tun zamanin Hitler. Mutum na da takardun kuɗi cike da aljihu, ba abin saye. Abinci sai da katin rabo. Mai kanti ya gwammace ya ɓoye kayansa da ya sayar da su a kuɗin da ba su da daraja. Sigarin Amurka ya zama kuɗi a kasuwar bayan fage, mutanen birni kuma suna cika jirgin ƙasa zuwa ƙauyuka da agogo ko darduma don musanya da dankali, ba ni gishiri in ba ka manda.

Ranar 20 ga Yuni 1948 aka fito da sabon kuɗi, Deutsche Mark. Kowa ya karɓi 40 a hannu, daga baya aka ƙara 20. Masu ajiya a banki sun ji jiki, domin kowane 100 na tsohon kuɗi ya koma 6.5 kacal. To a nan ne mutane ke cakuɗa abu biyu. Sauya kuɗin aikin ƙasashen da suka mamaye Jamus ne. A Amurka aka buga takardun, kuma wani matashin jami'in Amurka, Edward Tenenbaum, na cikin manyan waɗanda suka tsara shi. Abin da yake na Erhard shi ne sakin farashin kayayyaki da dama a daidai wannan lokaci, ba tare da ya jira amincewar kowa da kowa ba. A ganina nan gwanintarsa take: ya gane cewa sabon kuɗi ba zai yi amfani ba muddin farashi na ɗaure, sakin farashi kuma ba zai yi amfani ba muddin kuɗin banza ne. Kashegari kayan da aka ɓoye suka bayyana a tagogin kantuna.

Amma bai saki komai ba. Kuɗin haya da muhimman kayan abinci sun ci gaba da zama ƙarƙashin doka, rabon abinci bai ƙare gaba ɗaya ba sai 1950. Kuma talaka bai ga daɗi nan take ba. Farashi ya yi tashin gwauron zabi alhali albashi na nan inda yake, har a 12 ga Nuwamba 1948 ma'aikata kusan miliyan 9 suka yi yajin aikin gama-gari. Zuwa farkon 1950 marasa aikin yi sun kai wajen miliyan 2. An yi ta kiran ya sauka, ya dage.

Ya zama ministan tattalin arzikin Jamus ta Yamma daga 1949 zuwa 1963, ƙarƙashin shugaban gwamnati Konrad Adenauer. Bunƙasar da ta biyo baya tana da iyaye da yawa. Injinan masana'antu sun tsira daga bama-bamai fiye da yadda hotunan kufai ke nunawa. Ga ƙwararrun ma'aikata, ga miliyoyin Jamusawa da aka koro daga gabas suna neman aiki ruwa a jallo. Shirin Marshall, wato tallafin da Amurka ta bayar don sake gina Turai bayan yaƙi, ya kawo wa Jamus ta Yamma kusan dala biliyan 1.4. Yaƙin Koriya ya sa duniya ta buƙaci injinan Jamus, yarjejeniyar Landan ta 1953 kuma ta yafe kusan rabin bashin da ake bin ƙasar a waje. Shi kansa Erhard ba ya son a kira abin da ya faru abin al'ajabi. Yana ganinsa sakamakon aikin mutane ne da aka sakar wa mara.

Akwai ɓangaren da masu yabonsa kan tsallake, ni kuwa shi na fi ba muhimmanci. Tsarinsa, wanda masanin tattalin arziki Alfred Müller-Armack ya raɗa wa suna tattalin arzikin kasuwa mai kula da al'umma, bai ce gwamnati ta naɗe hannu ba. Cewa ya yi gwamnati ta tsare gasa, ta hana manyan kamfanoni haɗa baki su ƙayyade farashi. Shekaru ya shafe yana kai ruwa rana da masu masana'antu kafin dokar hana wannan haɗin baki ta wuce a 1957, kuma ko da ta wuce an rage mata kaifi.

Siyasa ce ba ta karɓe shi ba. Adenauer ya yi iya yinsa don kada Erhard ya gaje shi, duk da haka Erhard ya zama shugaban gwamnati a Oktoba 1963, ya kuma ci zaɓen 1965. Shekara guda bayan nan tattalin arziki ya fara ja da baya, aka samu giɓi a kasafin kuɗi, ministocin jam'iyyar FDP, abokiyar haɗin gwiwarsa a gwamnati, suka fice kan batun ƙarin haraji, 'yan jam'iyyarsa ta CDU suka juya masa baya. Ya sauka a ƙarshen 1966, Kurt Georg Kiesinger ya hau, ma'aikatar tattalin arziki kuma ta koma hannun Karl Schiller na jam'iyyar SPD, wanda ya fi yarda gwamnati ta kashe kuɗi don tayar da kasuwa. Erhard ya ci gaba da zama ɗan majalisa har rasuwarsa a Bonn ranar 5 ga Mayu 1977, yana da shekara 80.