Amsa ga mai tambayar bishiyar Gudali

Assalamu alaikum, jama'a barkanku da yamma. Tau, ƙanena da ya turo hoton bishiya da safe, na duba ta da kyau. Ga waɗanda ba su gani ba, ya ɗebi jinin shanun Gudali goma sha biyu a Kara, anka karanta mishi wani guntun DNA ɗinsu da ake kira D-loop, ya haɗa bishiyar dangantaka a manhajar kwamfuta ta MEGA, sai ya ga Gudalinshi sun zauna reshe guda da shanun Turai marasa tozo, masu tozon Indiya kuma suna can gefe. Shina tambaya ko ɗakin gwaji ne sunka musanya mishi samfur.

Ba wanda ya musanya maka komi. Kuma ni a ji na, abin da kake tambaya da gaske shi ne ko aikinka ya lalace, ko za a kada ka ranar kare shi. Bai lalace ba. Wannan wurin da ya tayar maka da hankali shi ne wuri guda da bishiyar ta faɗi gaskiya. Sauran wuraren da ba ka tambaya ba, can matsalar take, zan zo kansu.

D-loop yanki ne na DNA ɗin mitokondiriya, wato ɗan sashen ƙwayar halitta mai samar da ƙarfi, ita kuwa mitokondiriya daga uwa kaɗai ake gadonta. Bijimi ba ya ba ɗan maraƙi ko harafi guda nata. Kamar ka tambayi mutum asalinshi ne, ya ce uwata wance, uwarta wance, uwar uwarta wance, har kaka ta ɗari, bai ambaci uba ko guda ba. Bai yi ƙarya ba, amma layi guda ya ba ka. Tun 1994 Loftus da Bradley da abokan aikinsu a Dabilin sunka nuna cewa shanun Afirka masu tozo suna ɗauke da mitokondiriyar shanu marasa tozo. Dalili, shanun da sunka fara zama a nahiyar nan ba su da tozo, irin su Ndama da Muturu da Kuri ta tafkin Chadi. Masu tozo daga baya sunka shigo ta gabashin Afirka, kuma galibi bijimai ne. Anka riƙa barbarar shanun gida da su, zuriya bayan zuriya, tozo ya shigo, leɓe ya shigo, jure zafi ya shigo, kuromosom Y na uba ya shigo, amma layin uwa yana nan inda yake. Shi ya sa Gudali da Bunaji da Rahaji da Azawak, in ka karanta D-loop, kusan duka za su faɗa rukunin layin uwa da ake kira T1, wanda shi ne na Afirka (rukunan T na marasa tozo ne, na I na masu tozo). Turai T3 ya fi yawa. Masu tozon Indiya I1 da I2. T1 da T3 'yan ɗaki guda ne, rabuwarsu da I kuwa ta yi shekaru dubu ɗaruruwa, tun kafin ɗan Adam ya fara kiwon shanu wajen shekaru 10,000 da sunka wuce. Tau mi kake so bishiyar ta yi? Da ma Gudalinka ya zauna da na Indiya, lokacin ne zan ce a koma a duba kwalabe.

Abin da nike so ya zauna maka: bishiyar da ka zana ta guntun DNA ɗin da ka karanta ce, ba ta saniyar ba ce. Saboda haka taken da ka rubuta ƙarƙashin hoton, wai asalin shanun Gudali, ka sauya shi. Dangantakar layin uwa ce. In tozon kake son bi, sai ka ɗebi jinin bijimai ka duba alamomin kuromosom Y, inda Y3 shi ne na masu tozo, Y1 da Y2 na marasa tozo, ko ka tafi ga alamomin cikin cibiyar ƙwayar halitta masu yawa. Wannan wani kuɗi ne, wani aiki ne, ku yi magana da malaminka.

Kuma ba shanu kaɗai ba. Mai aikin jar akuyar Sakkwato da ke cikin wanga zaure, ki shirya, irin haka za ki gani ta wata fuska. Fiye da kashi 90 cikin ɗari na awakin duniya rukunin A suke, saboda haka jar akuyarki za ta cakuɗe da ta Sahel da gajeruwar kudu, ba za su ware reshe-reshe don launin fatarsu ba.

Yanzu ga inda ban yarda da bishiyarka ba.

Samfur na bakwai, wanda reshenshi ya yi tsawo shi kaɗai ya zarce kowa. Saniyar Kara ba ta bambanta da 'yan uwanta haka. Wagga alama ce ta ƙazamin jeri. Mutane suna karɓar fayil ɗin haruffa daga ɗakin gwaji su zuba shi kai tsaye, ba su buɗe fayil ɗin ab1 ba, mai tsaunukan launi huɗu. Buɗe shi, ko a MEGA ko BioEdit ko Chromas. Haruffa 30 zuwa 50 na farko shara ne, yanke su. Bayan harafi na 700 zuwa 800 tsaunukan suna fara faɗi suna hawan juna, nan ma yanke. Ka haɗa karatun firaimar gaba da na firaimar baya, wato karatun guntun daga kai da kuma daga wutsiya, inda sunka saɓa ka duba tsaunin da idonka. Inda tsauni biyu sunka hau wuri guda, kada ka zaɓi wanda ya yi maka daɗi, sa N, alamar harafin da ba a tabbatar ba, ko a sake karantawa. A aiki irin naka, shanu biyu na iya bambanta da harafi biyu ko uku kacal, tau kuskure biyar a wutsiyar jeri ya isa ya ƙirƙiro maka sabon iri wanda Allah bai halitta ba. Ka kuma tabbata ba a juye yake ba, don karatun firaimar baya sai an juya shi an musanya haruffan kafin ya hau layi da sauran. Masu aiki da COI ko saitokurom b, wasu yankunan mitokondiriya masu gina furotin, ku kuna da ƙarin gwaji: ku fassara jerin zuwa amino asid da jadawalin fassara na mitokondiriyar masu ƙashin baya, ko ta marasa ƙashin baya in sauro ne ko kaska. In alamar tsayawa ta fito a tsakiya, ko dai jerin ya goce da harafi guda, ko kun kamo tsohon kwafi da ya ɓuya cikin cibiya. D-loop ba ya fassaruwa, kai ido kaɗai gare ka.

Sai jerin kwatance da ka ɗauko a GenBank, rumbun jerin DNA na intanet. Na lura goman farko da BLAST, mai nemo jeri masu kama da naka, ya kawo ka kwashe. Goman farko ai duk abu guda ne, masu kama da naka. Zaɓe ake yi da niyya: biyu ko uku daga T1, haka T2, haka T3, haka I1 da I2, ka haɗa da Ndama, kowane da lambar shigarshi a jikin suna, kuma ka tabbata yankin da sunka karanta ya hau kan naka.

Daidaita jeri, nan ne gindin aikin duka, kuma nan ne ake gudu. Kowane ginshiƙi a cikin jadawalin da'awa ce kake yi cewa waɗannan haruffa wuri guda sunka gada daga kaka guda. In ginshiƙin ƙarya ne, duk lissafin da ya biyo baya ƙarya ne, komi tsadar kwamfutarka. Sa manhajar MUSCLE ko MAFFT ta jera, sannan ka bi shi da ido daga farko har ƙarshe. Yanke kai da wutsiya kowa ya zama tsawo guda. Kuma ka kula da zaɓin giɓi a MEGA: in ka bar shi kan share duk ginshiƙin da ke da giɓi, jeri guda gajere zai cinye ma kowa rabin bayanai ba tare da ya gaya maka ba. Ka duba ƙasan rahoton, yana rubuta adadin wuraren da sunka rage. In ka shiga da 600 ka ga 210, ka san abin da ya faru.

Raƙumi kuma. Ƙanena, mi ya kai raƙumi cikin wagga bishiya? Na san an ce maka a sa baƙo na waje don a samu tushe, gaskiya ne, bishiyar da ba tushe ba ta gaya maka wa ya riga wa rabuwa. Amma baƙon kusa ake nema, wanda yake wajen gida amma ba nesa ba. D-loop yana sauyawa da sauri, na raƙumi da na saniya ba su ma jeruwa da kyau, giɓi ne zai cika wurin. Sannan dogon reshe yana jan dogon reshe, Felsenstein ya bayyana wannan tun 1978: jeri biyu da kowane ya tara sauyi da yawa za su dace a wasu wurare bisa tsautsayi kawai, lissafi ya ɗauka zumunta ce. Dubi hotonka, wa ke zaune kusa da raƙumin? Samfur na bakwai. Cire raƙumi ka sa yak, saniyar tsaunukan Tibet. In ma tsakanin rukunan T kaɗai kake kallo, masu tozon Indiya sun ishe ka baƙo.

Hanyar ginawa ba zan daɗe kanta ba. UPGMA ka bar ta, tana ɗauka kowane reshe gudu guda yake sauyawa. Neighbor-Joining ta Saitou da Nei, 1987, tana da kyau don leƙawa da sauri. Wadda za ka sa a kundi Maximum Likelihood ce, bayan ka sa MEGA ya gwada tsare-tsaren sauyin haruffa ka ɗauki mai mafi ƙanƙantar BIC, makin da ke auna dacewar tsari da bayananka. Ga D-loop sau da yawa tsarin HKY ko Tamura-Nei ke fitowa tare da +G, alamar bambancin saurin sauyi tsakanin wurare, saboda sauyin A da G ko C da T ya fi sauran yawa nesa, kuma wasu wurare suna sauyawa sau da sau yayin da wasu ba su motsi. Kada ka kwafi tsarin Kimura don ka gan shi a kundin wanda ya gabace ka. Kuma ka sani kwamfuta ba ta duba dukkan bishiyoyi. Jeri 4 bishiya 3 ce marasa tushe, jeri 10 kuwa 2,027,025. Kai kana da kusan talatin. Lalube take tana hawa, shi ya sa ake maimaitawa a ga ko za ta dawo wuri guda.

Lambobin kan rassa, wato butstirap. Felsenstein ne dai, 1985. Ana ɗibar ginshiƙan jadawalinka a sake zubi, wani ya fito sau biyu wani bai fito ba, a gina bishiya, a maimaita sau 1000, a ƙirga sau nawa cikin ɗari wannan rukuni ya dawo. Al'ada 70 zuwa sama ake yarda da shi. In da manhajar IQ-TREE ka yi, da butstirap ɗinta mai sauri, 95 ake nema, kada a haɗa ma'aunin biyu. Reshen da ya raba T da I a hotonka 99 ne, shi ya sa na ce ya faɗi gaskiya. Amma cikin Gudalin naka ina ganin 23, 38, 41, kuma ka rubuta sakin layi guda kana bayanin wai na uku ya fi kusa da na tara. Ba abin da 23 ke gaya maka sai cewa bayanan ba su isa ba. Wagga ɗabi'a ta dame ni ƙwarai, a cika shafi uku da tafsirin reshen da ko kwamfutar da ta zana shi ba ta tsaya mishi ba, wani ma ya goge ƙananan lambobin ya bar rassan tsaye kamar tabbatattu. Narkar da duk abin da bai kai 50 ba, ya zama tsintsiya, haka gaskiyar take. Ko da yake, bari in ƙara a nan, 99 ɗin ma ba rantsuwa ba ce, in jerin ya karkace zai ba ka 100 a kan kuskure. Yana auna daidaituwar bayanan da ka ba shi ne kawai.

Karatun bishiyar kuma, wannan na kowa ne. Kusancin sunaye a bakin rassa ba shi ne zumunta ba. Kowace mararraba ana iya juya ta, na sama ya koma ƙasa, bishiyar ba ta sauya ba. Ka bi reshe baya har inda biyun sunka haɗu, wanda mahaɗarsu ta fi kusa shi ne ɗan uwa. Kuma ba wanda ke bakin reshe da ya haifi wani na bakin reshe, tunkiya ba ta fito daga akuya ba, kaka sunka haɗa. Kama ta ido ma ba hujja ba ce: kura ta fi kusa da kyanwa bisa kare, kada na ruwa ya fi kusa da tsuntsu bisa ƙadangare, dorina kuwa danginta na kusa da ke raye su ne manyan dabbobin teku masu shayarwa irin su whale, ba alade ba. Ɗan ma'aunin da ke ƙasa, 0.01, ba shekaru ba ne, sauyi guda ne cikin kowane wuri ɗari.

Abu na ƙarshe, tunda duk cikin jinsi guda kake, bishiya mai rabuwa biyu-biyu ba ta cika dacewa ba, don tsohon iri da 'ya'yanshi duk suna raye tare a garke. Ka ƙara da zanen raga a manhajar PopART, za ka ga T1 a tsakiya da ƙananan rassa kewaye da shi, ya fi bishiyar bayani. Turo min fayilolin ab1 na samfur na bakwai, gaba da baya, da jadawalin da ka daidaita, ba hoton allo ba, fayil ɗin kanshi. Bayan isha'i zan duba in sha Allah.