Ƙarar da ake ji a tsofaffin hotunan yaƙi, ta asali ce?

Malam, ka tambaya ko ƙarar bindigogin da ake ji a shirye-shiryen tarihi na talabijin ta asali ce. In hotunan Yaƙin Duniya na Ɗaya ne, 1914 zuwa 1918, a'a. Kyamarar wancan zamani da hannu ake juya ta, ba ta naɗar sauti, kuma fim mai magana bai yaɗu ba sai bayan 1927. Takun sojoji cikin taɓo da fashewar bam, daga baya aka ɗora su wajen tacewa. Ban ga laifinsa ba, matuƙar an sanar da mai kallo. Abin da ke ɓata mini rai shi ne a ɗauko hoton wani fagen daga a laƙaba wa wani, alhali jama'a sun ɗauke shi hujja.