'Yan sanda sun matsa min lamba kan kuɗin ciyar da yara, suna da hurumi?

Tambaya: Assalamu alaikum Barista. Ni tela ne a cikin birnin Kano. Mun rabu da matata, yaranmu uku suna hannunta. Ina kai abin da ya sawwaƙa, amma yayanta ya kai ƙarata caji ofis. Aka kwana da ni, sai da na sa hannu a takarda cewa zan riƙa biyan naira dubu 80 duk wata, aka kuma karɓi kuɗin beli. Yanzu da na makara sai kira. Ranar da ba su same ni ba, ƙanena suka ɗauka. Ina mafita?

Amsa: Wa'alaikumus salam, Malam. Idan yadda ka faɗa haka abin yake, an shiga haƙƙinka. Rigimar ciyarwa magana ce ta haƙƙi tsakanin mutum da mutum, kuma sashe na 32(2) na Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ya hana kama mutum kan irin wannan. Dokar ta kuma hana kama wani a madadin wani, don haka ɗaukar ƙanenka ma kuskure ne. Beli kyauta ne. Sashe na 35 na Kundin Tsarin Mulki na 1999 ya ce a kai wanda aka tsare gaban alƙali cikin kwana ɗaya in akwai kotu a tazarar kilomita 40, ka ga a birnin Kano ba uzuri.

Sai dai ka bincika abin da aka rubuta a ƙorafin. Sau da yawa masu ƙara kan cusa zargin duka ko barazana don 'yan sanda su samu ƙofar shiga. In akwai wannan, suna da ikon bincike a kansa kaɗai. Haka kuma in alƙali ne ya ba da sammaci ka ƙi zuwa, zai iya sa a kamo ka.

Yanzu ga inda mutane da yawa ba sa son ji. Rashin hurumin 'yan sanda bai ɗauke maka nauyi ba. A mazhabar Malikiyya da kotunanmu ke bi, ci da sha da sutura da muhallin yara suna kan uba ko da riƙonsu na hannun uwa: namiji har ya balaga, mace har ta yi aure ta tare. Amma gwargwadon hali ne, kamar yadda aya ta 7 ta Suratul Ɗalaƙ ta nuna. Alƙali ne ke auna samunka da buƙatar yaran ya yanke adadi. Dubu 80 ɗin nan wa ya auna ta? Takardar da aka sa hannu a tsare, lauya zai iya ƙalubalantar ta a matsayin ta tilas.

Shawarata, kai ka riga su zuwa Kotun Shari'a ta yankinku, ka nemi a yanka maka nafaƙa. In kana ganin sulhu zai yiwu, fara da manyan gida biyu, mai unguwa ko Hukumar Hisbah, a rubuta abin da aka amince. Da zarar magana tana gaban alƙali, duk wanda ya kira ka sai ka nuna takardar kotu.

Game da cin zarafin, rubuta koke ga Kwamishinan 'Yan Sanda a hedikwatar Bompai, da ranaku da sunan ofishin, ka aika kwafi ga ofishin Hukumar Kare Haƙƙin Ɗan Adam ta Ƙasa da ke Kano. In kiran bai tsaya ba, sashe na 46 na Kundin Tsarin Mulki ya ba ka damar zuwa Babbar Kotu neman a hana su, har da diyya. Wanda ba shi da kuɗin lauya ya tuntuɓi Legal Aid Council, hukumar gwamnati da ke taimaka wa marasa hali da lauya.

Kafin nan, in an gayyace ka kada ka ɓuya, je da lauya ko wani dattijo. Kuɗin yara kuma daina miƙa su hannu da hannu. Tura ta banki zuwa asusun mahaifiyarsu ka ajiye shaida, buhun shinkafa ma in ka kai, a samu shaidu biyu.