Ƙanena yana barkwanci da mutuwarsa: wasa ne ko mu damu?

Tambaya: Likita, barka da aiki. Daga Tawa nake rubuto maka. Ƙanena ya dawo daga Libiya wata takwas ke nan, hannu Rabbana, kuma abokan tafiyarsa biyu a gabansa suka mutu cikin sahara. Tun da ya dawo ba shi da zance sai barkwanci da mutuwa. Inna ta yi masa maganar aure, ya ce a ajiye kuɗin lefe a sayi likkafani, ya fi arha kuma shi ba a sakinsa. A fada, wato majalisar samari, kowa na son zamansa, don yana sa su dariya har da hawaye. Amma ni na san ba ya barci, kuma makon jiya ya ba autanmu wayarsa, ya ce inda za shi babu rezo, wato sabis ɗin waya. Inna ta ce wasa ne, mai yi ba ya faɗa. Kawunmu ya ce iska ya kwaso a daji, a kai shi wurin mai magani. Ni dai gabana faɗuwa yake. Me zan yi?

Amsa: Ƴar'uwa, maganar wayar nan ce ta hana ni jinkirta amsarki, kuma faɗuwar gabanki tana kan hanya.

Barkwanci da masifa shi kaɗai ba ciwo ba ne, kuma ba baƙon abu ba ne a ƙasar nan ta Nijar. Yunwar 1984, da fari ya haɗu da rufe iyakar Najeriya a zamanin mulkin Buhari, mutanenmu suka raɗa mata suna El Buhari. Wanda cikinsa ke ƙugi ne ya ƙirƙiro wannan suna, don abin da ka iya yi wa laƙabi ka rage masa kwarjini. Jikoki kan tsokani kakarsu da zancen kabarinta tana raye, ita ma ta rama. Bafillace da Babarbare, ko Bazabarme da Buzu, suna gaya wa juna maganar da in wani ne ya faɗe ta sai an shiga tsakani, kuma wannan wasa namu har UNESCO ta sa shi cikin gadon al'adun duniya a 2014. Ma'aikatan asibiti masu kwanan aiki su ma suna da irin nasu, wanda ba su yi a gaban majinyaci. Irin wannan dariya tana sassauta ƙirji, tana ba mutum damar taɓa abin da ya ƙona shi ba tare da ya sake ƙonewa ba. Saurayin da ya binne abokansa cikin rairayi da hannunsa yana da haƙƙin ya yi ta.

Abin da nake dubawa shi ne inda wasan ya dosa. Idan rana ake yi wa tsiya, ko talauci, ko direban da ya gudu ya bar mutane, kuma mai wasan yana ci, yana barci, yana fita nema, yana iya tsayawa ya yi ta'aziyya da natsuwa in lokacinta ya zo, to a bar shi ya sha iska. Na ƙanenki ya juyo kansa. Likkafaninsa yake faɗa, tafiyarsa yake faɗa, barci ya ƙaurace masa, ya fara rabon kayansa. Wannan ya wuce hira a bakin butar shayi.

Yanzu bari in tsaya kan maganar Inna, da girmamawa, don ba ita ta ƙirƙiro ta ba. "Mai yi ba ya faɗa." Babu maganar da nake ji a ɗakin aikina da ta kai wannan yi mini ciwo, domin kusan kullum bayan an makara ake maimaita mini ita. Ƙarya ce. Da yawa daga cikin waɗanda suka hallaka kansu sun faɗa tun da wuri, sai dai ba su faɗa yadda muke jira ba. Wane saurayi ne a Adar, yankinku na Tawa, zai zauna gaban mahaifiyarsa ya ce, Inna, na gaji da duniya? Ya san haramun ne, ya san za a ce ya yi saɓo, ya san an sayar da tumakin gida aka yi masa kuɗin mota, ga sa'o'insa da suka tafi Abijan suna aiko da kuɗi ana gina ɗakunan siminti. Kunya ta toshe masa ƙofar magana, ƙofar wasa kaɗai ta rage. Sai ya jefa zancen cikin dariya ya tsaya yana kallon fuskokinku. In wani ya tsaya ya tambaye shi, ya samu mai saurare. In kowa ya ƙyalƙyale, ya ce a ransa ai na faɗa, ba wanda ya ji.

Na taɓa zama da wata uwa wadda ɗanta ya bi ƴan'uwa ɗaya bayan ɗaya yana neman gafara, yana yi yana raha, har ya biya mai shago bashin sukari da ganyen shayi da shi kansa mai shagon ya manta. Gida duka suka yi murna, wai yaro ya shiryu. Allah ya sa ƙanwarsa ta shiga ɗakin a kan lokaci. Uwar tana murɗa bakin mayafinta tana ce mini, "Likita, wallahi shi ne mai ba mu dariya a gidan." Na sani. Sau da yawa shi ne. Fara'a ba shaidar lafiyar zuciya ba ce, kuma natsuwar da ta sauko wa mutum kwatsam bayan doguwar damuwa takan zama alamar ya gama yanke shawara. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce sama da mutum 700,000 ke mutuwa ta wannan hanya duk shekara, musulmi na ciki, masu sallah a sahun gaba na ciki. Mu daina cewa ciwon Turawa ne.

Akwai ƙanwar waccan magana, wai in ka tambayi mutum kai ka saka masa tunanin. An bincika wannan sosai, tambaya ba ta shuka abin da babu. Abin da take yi shi ne sauke wa mai ɗauke da kaya rabin nauyinsa.

Shi kuwa kawu, a gaya masa cikin ladabi: rashin barci, firgita, da ganin abin da ya wuce yana dawowa ido biyu, sanannen ciwo ne ga wanda ya tsallake mutuwa, kuma yana da magani. A yi addu'a, a yi sadaka, ni ma ina yi. Amma kada a bari wani ya kulle shi a ɗaki da hayaƙi, ko ya ɗaure shi, ko ya dake shi da sunan fitar da iska. Ina ganin masu dawowa daga irin waɗannan wurare da tabon igiya a wuyan hannu, kuɗi sun ƙare, wata uku sun tafi a banza, yaron kuma ya daina yarda da kowa.

Yau da dare, bayan isha, ki kai masa abinci da kanki ku zauna ku biyu. Ki ce masa, maganar wayar nan ba ta ba ni dariya ba, tsoro ta ba ni, kana tunanin kashe kanka ne? Ki faɗi kalmar yadda take. Zai iya mayar da ita wasa. Ki yi shiru, ki sake tambaya. Kada ki yi masa wa'azin wuta, ya san shi fiye da ke, kuma kada ki yi alkawarin rufa asiri. Kafin nan ki kwashe maganin ƙwari da na ɓera da tarin ƙwayoyin da ke gidan ki ba maƙwabta ajiya, ki kuma bincika ko yana shan tramol. In ya ce e, ko ya ambaci rana ko hanya, kada a bar shi shi kaɗai ko na awa ɗaya, a kai shi babban asibitin Tawa a daren nan. Ko da ya ce a'a, rashin barcin da ya daɗe haka ya isa dalilin ganin ma'aikacin lafiyar ƙwaƙwalwa cikin makon nan, kuma in aka ga da buƙata za a tura ku sashen masu wannan lalura a babban asibitin ƙasa na Yamai. Ki nemi amininsa ɗaya daga fada, wanda yake jin maganarsa, ya raka ku.