Hukuncin Zama Alƙalin Wasa a Damben Boksin

Tambaya: Assalamu alaikum Malam, Allah ya ƙara lafiya. Na yi shekara shida ina damben boksin, sai ciwon kafaɗa ya sa na ajiye. Yanzu an ba ni damar yin kwas na zama rafali. Ni ba zan daki kowa ba, aikina ma in hana a ji wa mutum mummunan rauni ne. Shin aikin ya halatta, kuma kuɗinsa halal ne?

Amsa: Wa alaikumus salam wa rahmatullah. Ɗana, Allah ya yi maka albarka da ka tambaya kafin ka sa ƙafa.

Hukuncin alƙalin wasa yana bin hukuncin wasan ne, don haka daga nan za mu fara. Motsa jiki da gwada ƙarfi ba laifi ba ne, an ma ruwaito cewa Annabi (SAW) ya yi kokawa da Rukana ya kayar da shi. Amma boksin an gina shi ne a kan dukan fuska da kai, kuma nasara mafi daraja a cikinsa ita ce a buge mutum ya kasa tashi. Bukhari da Muslim sun ruwaito daga Abu Huraira cewa Annabi (SAW) ya ce idan ɗayanku zai yi faɗa to ya nisanci fuska. Allah kuma ya hana mu jefa kanmu cikin halaka, a aya ta 195 ta Suratul Baƙara. A kan irin waɗannan dalilai ne Majalisar Fiƙihu ta Rabiɗa (Ƙungiyar Musulmi ta Duniya), a zamanta na goma a Makka cikin watan Safar 1408, wato Oktoban 1987, ta yanke cewa boksin yadda ake yin sa a gasanni haramun ne. Yardar 'yan damben biyu ba ta halatta shi, domin jikin mutum amana ce a hannunsa, ba mallakinsa ba ce da zai ba wani izinin lalata ta.

Hujjarka ta cewa kai mai karewa ne ba ƙaramar hujja ba ce, kuma na daɗe ina juya ta. Rafali ne ke duba safar hannu, shi ke hana dukan ƙeya da na ƙasan cibiya, shi ke rage maki, shi ke kiran likita, kuma yana da ikon tsayar da wasa ko da 'yan kallo za su yi masa ihu. A 1990 rafali Richard Steele ya tsayar da karawar Julio César Chávez da Meldrick Taylor saura daƙiƙa biyu a tashi, ya sha zagi na shekaru a kan haka. Wanda ya fifita lafiyar mutum a kan ihun jama'a ya yi abin a yaba.

Sai dai ka dubi ɗaya rabin aikin. Ba a fara duka sai rafali ya ba da umarni. Idan mutum ya faɗi, shi zai ƙirga masa har takwas, ya goge masa safar hannu, ya dubi idonsa, sannan ya mayar da shi gaban wanda ya kayar da shi. A ƙarshe shi zai ɗaga hannun wanda ya yi nasara. Wannan ba matsayin mai rabon faɗa ba ne, wanda ya tarar ana yi ya shiga tsakani. Rafali ginshiƙi ne na wasan, in babu shi babu gasa. Nan ne ya bambanta da likitan bakin fage, wanda aikinsa magani ne kawai, shi ya sa nake ganin na likita ya halatta. Na rafali kuwa ya shiga ƙarƙashin aya ta 2 ta Suratul Ma'ida, wadda ta hana taimakekeniya a kan zunubi da ƙetare iyaka.

Kuma kariyar da kake fata ba kullum take samuwa ba, domin jinin da ke zuba cikin ƙwaƙwalwa ido ba ya ganinsa. A Nuwamban 1982, a Las Vegas, ɗan Koriya ta Kudu Duk Koo Kim ya faɗi a turmi na 14 a hannun Ray Mancini, ya rasu bayan 'yan kwanaki. Rafalin wasan, Richard Green, ya kashe kansa a shekarar da ta biyo. Bayan mutuwar Kim ne hukumar damben boksin ta duniya, WBC, ta rage turmin gasar kambu daga 15 zuwa 12. Ba na so ka kwana da irin wannan nauyi a zuciyarka.

Saboda haka abin da ya rinjaya a wurina shi ne: alƙalanci a gasar boksin da ake dukan fuska bai halatta ba, ladan da ake biya a kansa ma haka. Wasu malaman zamani sun sassauta a kan damben masu koyo da ake sa hular kariya, amma ni ban natsu da hakan ba tunda fuskar dai ake nema, kuma ko a Olamfik an cire wa maza hular tun 2016. Damben gargajiya da ake naɗa zare ana neman kisa, wato kayar da abokin karawa, shi ma hukuncinsa ke nan, balle idan layu da caca suka shigo.

Shekarunka shida ba su tafi a banza ba. Kana iya horar da matasa motsa jiki da dabarun kare kai, da dukan buhu, da atisayen da ba a taɓa fuska, ka karɓi ladanka halal. Kana iya neman alƙalancin kokawa, matuƙar an rufe al'aura, babu tsafi, ba a tozarta lokacin salla. Abin da ka samu a dambe a baya kafin ka san hukuncin kuwa naka ne, ba sai ka fitar da shi ba.

Wallahu a'alam.