Yarjejeniya tsakanin daulolin taurari: me marubuci zai sa a ciki?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni malamin firamare ne a wani ƙauye da ke yankin Ringim, Jihar Jigawa. Ina rubuta ƙagaggen labari a kan dauloli biyu masu gaba da juna, kowace tana zaune kusa da nata tauraron. Sun gaji da yaƙi, sun zauna ƙulla yarjejeniyar zirga-zirgar kumbunansu, amma na rasa abin da zan rubuta a cikinta. Ko akwai irinta a zahiri?

Amsa: Wa'alaikumus salam, Malam. Allah ya ƙara basira. Ta tsakanin taurari babu, domin har yau ƙafar ɗan Adam ba ta wuce wata ba. Amma akwai wadda za ka iya jingina da ita, ita ma abokan gaba ne suka ƙulla ta.

Ina nufin Yarjejeniyar Sararin Samaniya da aka fara sa wa hannu ranar 27 ga Janairu, 1967, a Landan da Mosko da Washinton, ta fara aiki ranar 10 ga Oktoba na wannan shekarar. Amurka da Tarayyar Sobiyat suna tsakiyar yaƙin cacar baka, rikicin makamai masu linzami na Kiyuba na 1962 bai gama hucewa ba. Tsoro ne ya zaunar da su. Sun amince babu ƙasar da za ta ce wata ko wata duniya mallakinta ce, ba za a ajiye makaman nukiliya a falaki ba, kuma ɗan sama jannatin da ya shiga hatsari dole a taimake shi ko na wace ƙasa ne. Ka lura, abin da ta hana a falaki makaman ƙare dangi ne, ba kowane makami ba. Irin wannan kafa da aka bari, marubuci na iya gina babi guda a kanta.

Daga baya aka ƙara ta ceto a 1968 da ta biyan diyya a 1972. Ta diyyar ba baƙuwa ba ce gare ku mutanen karkara: shanu sun shiga gona, mai su ke biya. A Janairun 1978 tauraron ɗan Adam na Sobiyat mai suna Kosmos 954, mai ɗauke da injin nukiliya, ya tarwatse a arewacin Kanada, kuma a 1981 Sobiyat ta amince da biyan dalar Kanada miliyan 3. Ita kuwa Yarjejeniyar Wata, wadda aka kawo a 1979 tana cewa arzikin wata gadon 'yan Adam ne baki ɗaya, manyan ƙasashen duk sun kau da kai. Da aka zo kan dukiya, hannu ya yi nauyi. Yanzu ma sansani biyu ne: Amurka da tsarinta na Artemis na 2020 kan ƙa'idojin binciken wata, wanda Najeriya ta sa wa hannu a Disamban 2022, sai Sin da Rasha da nasu shirin kafa tasha a wata.

Don haka ka duba abin da dagaci da ardo ke zama a kansa kafin kaka: ina burtali, ina mashaya, wa zai biya ɓarna. Kumbunanka ma suna buƙatar hanyar da ba a tarewa da zangon da kowa zai sha mai ba tare da an tambaye shi tutarsa ba.

Sai dai inda nake so ka fi daɗewa shi ne nisa. Tauraron da ya fi kusa da ranarmu, Furoksima Sentauri, haske kan yi fiye da shekara 4 kafin ya isa gare shi, kuma babu saƙon da ke gudun da ya wuce haske. Kumbon Voyager 1 da aka harba a 1977 zai buƙaci sama da shekara 70,000 kafin ya ci wannan tazara. Ko da ka ƙirƙiro kumbo mai sauri, in ka bar saƙo a kan gudun haske, ƙorafi zai yi shekara huɗu a hanya, amsa ta yi huɗu. Kafin sarki ya ji an tare masa jirgi, wanda ya tare ɗin ya yi furfura a wani wurin.

Fataken da suke tashi daga Kano zuwa Gwanja sayen goro sun san wannan matsala. Watanni suke yi a hanya, babu damar komawa gida neman izini, shi ya sa madugu ke da wuƙa da nama: shi ke daidaita kuɗin fito da sarakunan hanya, shi ke raba gardama a ayari. In ni ne kai, sashe mafi tsawo a yarjejeniyar zai kasance kan ikon madugun kumbo: me zai yanke shi kaɗai, me zai jira, wa zai tuhume shi in ya dawo.

Ga wani zare da za ka iya ja. Madugun daula ɗaya ya tsinci kumbon abokan gaba ya lalace, ya kwashe mutanen ciki kamar yadda sashen ceto ya umarta, ya ba su abinci da wurin kwana. Wata shida bayan haka saƙo ya iso daga gida cewa an warware yarjejeniyar tun shekara uku da suka wuce, ana yaƙi. Baƙin kuwa suna ɗakin da ke kusa da nasa, ɗansu ma ya fara koyon harshen 'ya'yansa.