Zauren Tambaya: Wasanni Sun Cika Mini Kalkuleta, Me Zan Goge?

Assalamu alaikum masu karatu. Wasiƙun wannan mako sun taru a kan kalkuleta mai zana hoton lissafi, irin wadda ɗaliban lise ke riƙewa tun daga aji na farko har zuwa bak, jarrabawar kammala lise. Ni malamin lissafi ne a nan Maradi, kuma waɗannan na'urori suna yawan ratsa hannuna, galibi bayan mai su ya riga ya danna abin da bai kamata ba.

Tambaya: Malam, ina ajin ƙarshe, ina zaune a unguwar Zariya. Yayana ya sawo mini TI-84 Plus ta hannu daga Kano, na tarar da wasanni a ciki, na kuma ƙaro wasu daga wurin abokina. Yanzu duk lokacin da zan shigar da alƙaluman ƙididdiga sai ta rubuta ERR:MEMORY. Abokina ya ce in share komai in huta. Amma akwai furogiram ɗin da na rubuta da kaina na warware lissafin daraja ta biyu, ba na son in rasa shi.

Amsa: Ɗana, kada ka bi shawarar abokin nan. Kalkuletarka ba ta cika ba. Ɓangare ɗaya ne ya cika, kuma shi ne ƙaramin.

TI-84 Plus, wadda kamfanin Texas Instruments ya fitar a 2004, wurin ajiya biyu gare ta. Na farko shi ne RAM, kimanin kilobayit 24 kacal, wato bayit wajen 24,000. Na biyu shi ne wanda take kira Archive, kimanin kilobayit 480, wato ninkin na farko sau 20. Ka ɗauki RAM a matsayin faifan da ake tankaɗe a kai, Archive kuma rumbu. Aiki a faifai ake yin sa, amma ba a bar hatsin shekara a faifai. Daga nan zan riƙa ce wa Archive rumbu don mu fahimci juna.

Duk abin da ya shigo kalkuleta, ko ka rubuta shi ko an turo maka, yakan zauna ne a RAM sai in an kai shi rumbu. Kowane adadi guda da ka shigar a jeri yana cin bayit 9, don haka jeri mai adadi 100 ya ci bayit 900 ke nan. Wasa ɗaya kuwa yana iya cin dubbai. Wasanni huɗu ko biyar suna zaune a RAM, ga hotunan da aka adana, ina alƙalumanka za su samu wurin zama?

Ga abin da za ka yi. Danna 2nd, sannan maɓallin alamar tarawa, wanda aka rubuta MEM a samansa. Zaɓi lamba 2. A saman allo za ka ga layi biyu: RAM FREE da ARC FREE. Na farkon zai nuna maka adadi ƙarami, na biyun kuma babba, ka ga tabbacin maganata. Danna 7 ka shiga jerin furogiram. Kowane suna da girmansa a gefe. Kai kibiya kan wasa ka danna ENTER, sai ka ga ɗan tauraro ya fito a gaban sunan. Wannan tauraro yana nufin ya koma rumbu. Ba a goge shi ba, ya dai tashi daga wurin aiki. Yi wa duk wasannin haka, ka koma ka dubi RAM FREE, za ka ga ya haura. In ka sake danna ENTER a kan suna, tauraron ya tafi, abin ya dawo RAM.

Abu biyu za ka kiyaye. A kan irin taka, furogiram ɗin da ke rumbu ba ya tashi kai tsaye. In ka kira shi za ta ce ERR:ARCHIVED, sai ka fito da shi tukuna. Sannan kada ka kai L1 da L2, wato jerin da kake shigar da alƙaluma a ciki, rumbu alhali kana tsakiyar darasin ƙididdiga, don kuskuren nan za ta sake ba ka. Na sha ganin ɗalibi ya zauna yana gumi a aji saboda wannan, yana zaton na'urar ta lalace.

Furogiram ɗinka na daraja ta biyu shi ya fi damuna, domin guminka ne, ba kamar wasa ba da za ka sake samu wurin kowa. Ka koma MEM ka zaɓi lamba 8, wato Group. Ka ba ƙunshin suna, ka zaɓi furogiram ɗin da wani abu guda aƙalla, don ba ta ƙunsa abu ɗaya tilo. Ƙunshin kai tsaye rumbu yake tafiya, na asalin kuma yana nan a RAM kana aiki da shi. Ranar da RAM ya goge, sai ka kwance ƙunshin, kayanka su dawo, ƙunshin kuma yana nan bai ƙare ba. A ganina wannan ita ce dabara mafi amfani a duk cikin na'urar, kuma ɗalibai kaɗan ne suka san da ita.

Wasan da ka daina yi kuwa, kai kibiya kansa ka danna DEL. Ka kuma leƙa wurin da aka rubuta AppVars, don a nan wasanni da yawa ke ajiye makinsu da matakin da aka kai, kuma ba sa tafiya in an goge wasan. Tunda ta hannu ce, za ka tarar da tarkacen mai ita na farko a can.

Tambaya: Malam, ni ɗaliba ce daga unguwar Ali Ɗan Sofo. Ƙanena ya ɗauki kalkuletata TI-83 Plus yana wasa, sai ta daskare. Na cire batir na mayar, ta rubuta RAM cleared. Duk abin da na shigar ya tafi. Akwai yadda za a dawo da su?

Amsa: Ƴata, sai haƙuri. Abin da ke RAM in ya goge ya tafi, babu mai gyaran da zai dawo miki da shi, kada ki bari wani ya karɓi kuɗinki a kan haka. Amma ki shiga MEM ki duba: duk abin da ke da tauraro yana nan lafiya lau, haka ma manhajojin da ke ƙarƙashin APPS.

Dalilin abin da ya faru shi ne, wasanni iri biyu ne. Akwai waɗanda aka rubuta da harshen kalkuletar kanta, TI-Basic; waɗannan suna da nawa, amma in sun rikice sai ki danna ON su tsaya. Akwai kuma masu sauri da kyan gani, waɗanda aka rubuta da harshen inji, suna magana da ƙwaƙwalwar na'urar ba shamaki. Kuskure ɗaya a cikinsu ya isa ya daskarar da ita, in ta farfaɗo kuma sai ta share RAM. Don haka ƙa'idata ga ɗalibaina ita ce: kafin a kunna sabon wasa, a kai duk aikin makaranta rumbu. Rumbu irin ma'ajiyar filashi ce, ba ta bukatar wuta kafin ta riƙe abin da ke cikinta. RAM kuwa da wuta ta ɗauke ya manta komai.

Wannan ya kawo mu batun batir, wanda a garin nan ba ƙaramin batu ba ne. Bayan batir huɗu na AAA, akwai ƙaramin batir mai kamar kwabo a ƙarƙashin wani murfi da aka ɗaure da sukuru. Aikinsa ya riƙe RAM a lokacin da kike canza manyan. A TI-83 Plus lambarsa CR1616 ko CR1620, a TI-84 Plus kuma SR44SW. Kamfanin ya ce a canza shi duk shekara 3 ko 4. TI-83 Plus ta fito tun 1999, kuma yawancin waɗanda ke zuwa mana na hannu ne, ba wanda ya taɓa buɗe wannan murfi. Ki je wurin masu gyaran agogo a babbar kasuwa da tsohon a hannu, su ba ki irinsa. Ki kashe kalkuleta kafin canji, kuma kada ki cire ƙaramin da manyan a lokaci guda.

Ki kuma daina barin ta cikin jaka a rana lokacin bazara. Zafin watan Afrilu da Mayu yana sa batir mai araha ya zubo, ruwansa ya ci ƙarafunan ciki. In za ki ajiye ta tsawon hutu, ki kai komai rumbu ki cire manyan batir ɗin.

Ajiyar da ta fi rumbu ma ita ce kwamfuta. Manhajar TI Connect kyauta ce. Taki tana bukatar igiyar haɗi ta musamman, ita kuwa TI-84 Plus ƙaramar igiyar USB ta ishe ta. In ba ki da kwamfuta, ki tura kwafin aikinki zuwa kalkuletar ƙawarki ta maɓallin LINK.

Cikin abubuwan da ba sa shiga rumbu akwai lissafin da kika rubuta a Y=, wato shafin lissafin da take zanawa. Sai ki adana shi da umarnin StoreGDB, wanda ke ajiye shi da sunan GDB, sannan ki kai wannan GDB ɗin rumbu.

Tambaya: Malam, daga Tibiri nake. Ina kai wasa rumbu sai ta tambaye ni Garbage Collect? Na tsorata na ce a'a. Ƙwayar cuta ce?

Amsa: Ba cuta ba ce, shara take neman izinin yi. In ka fitar da abu daga rumbu ko ka goge shi, gurbinsa ba ya komawa fili nan take. Alama kawai ake sa masa, domin ma'ajiyar filashi sashe-sashe ake share ta, ba ɗaya-ɗaya ba. In guraben sun yi yawa sai ta nemi ta tattara kayan wuri guda. Ka ce mata e. Littafin kamfanin ya ce aikin yana iya kai minti 20, ko da yake galibi ba ya daɗewa haka. Sharaɗi ɗaya: batir ya kasance da ƙarfi, kuma kada ka taɓa shi har ta gama, don yankewar wuta a tsakiyar wannan aiki tana iya lalata abin da ke rumbun. Masu kunna wasa ta manhajar MirageOS sun fi ganin wannan tambaya, saboda yawan shiga da fita da wasannin ke yi.

Tambaya: Malam, ni ɗan kasuwa ne a Sabon Gari. Na sa an kawo wa ɗana TI-83 Premium CE daga Faransa da kuɗi masu yawa, sai na kama shi yana wasa da ita da dare. Ka nuna mini yadda zan goge komai.

Amsa: Alhaji, Allah ya saka da alheri kan wannan ɗawainiya, ya kuma sa yaron ya amfana. Zan nuna maka, amma ina roƙon ka saurare ni tukuna.

Hanyar ita ce 2nde, maɓallin tarawa, sannan lamba 7. A nan akwai shafi uku: na RAM, na rumbu, da na duka. Na ƙarshen nan shi ne wanda nake gargaɗi a kai, domin yana kwashe har manhajojin karatu da suka zo da na'urar, mayar da su kuma sai da kwamfuta da intanet. Wanda ke son cire wasa kawai ba ya bukatar wannan. Lamba 2 zai shiga, ya bi sunayen ɗaya bayan ɗaya da maɓallin suppr. Amma sunan furogiram bai wuce harafi 8 ba, kai da ba kai ka zuba su ba da wuya ka bambance wasa da aikin makaranta. Ka zaunar da yaron ya buɗe maka kowanne ka gani.

Irin wadda ka saya ta fito a 2015, ita ce ƴar'uwar TI-84 Plus CE da ake sayarwa a Amurka. RAM ɗinta ya kai kimanin kilobayit 150, rumbunta megabayit 3, don haka wasa biyu ko uku ba za su tauye masa karatu ta fuskar wuri ba. Abin da suke ci lokacinsa ne da barcinsa, maganin wannan kuwa yana hannunka ba a cikin na'ura ba: ta kwana a ɗakinka.

Ra'ayina, kada ka goge duka. Mafi yawan ɗalibaina da suka iya rubuta furogiram, ta ƙofar wasa suka shigo. Yaro ya buɗe wasan maciji don ya ga yadda aka yi macijin ke tsawo, sai ya ci karo da sharaɗi da maimaitawa da canjin adadi, abubuwan da nake fama in koyar a allo. Wanda zai nemi Jami'ar Ɗan Dikko Ɗankulodo ya karanta lissafi ko kwamfuta, wannan ba ɓata lokaci ba ne a gare shi. Ka ce masa ka yarda da wasa ɗaya, bisa sharaɗin kafin ƙarshen zango ya nuna maka wanda ya rubuta da kansa. In tasa mai Python ce, wadda aka fara fitarwa a 2019, to harshen da zai koya a kanta shi ne wanda ake aiki da shi a manyan kwamfutoci.

Ka kuma sani, tun 2020 kamfanin ya toshe wasannin harshen inji a sababbin sigogin manhajar na'urar, daga 5.5 zuwa sama. Lamba 1 a shafin da 2nde da maɓallin tarawa ke buɗewa za ta nuna maka sigar da ke kan tasa. Na TI-Basic da na Python suna nan suna aiki.

Game da jarrabawa, na'urar tana da yanayi na musamman da ke rufe duk furogiram, wata ƴar fitila tana ƙyaftawa a samanta don mai tsaro ya gani, kuma ba ta fita daga wannan yanayi sai an haɗa ta da kwamfuta ko wata kalkuleta. Shiga yanayin yana iya goge wasu abubuwan da aka adana, don haka ya kwafe aikinsa a kwamfuta da TI Connect CE kafin ya gwada. Irin kalkuletar da aka yarda a shiga da ita ɗakin jarrabawa kuwa, ya tambayi hukumar makarantarsu tun da wuri, kada a bari sai safiyar ranar.

Masu Casio Graph 35+E II da suka rubuto da irin wannan damuwa, tsarin ɗaya ne: ku shiga MEMORY za ku ga babbar ma'ajiyar aiki da ta adanawa. Taku ma ta fi sauƙi, don in kun haɗa ta da kwamfuta tana buɗewa kamar filashi, ku kwafe kayanku ba tare da wata manhaja ba.